Brasato Babu Giya: Tukunyar da Muka Ɗora wa Hajiya a Turin

Hajiya ta sauka a Turin, birnin da muke zaune a arewacin Italiya, a ƙarshen watan Oktoba, da bizar kwana 90 da jaka biyu. Ɗaya ta kayan sawa ce, ɗayar kuwa kuka ce da daddawa da busasshiyar kuɓewa da ƙullin kanwa. Mahaifiyar maigidana ce. Ba ta cika mako biyu ba ta yanke wa naman Turai hukunci: mai laushin ba shi da ɗanɗano, kamar mutum na tauna auduga, mai ɗanɗanon kuma haƙoranta ba sa iya shi. Haƙoran taunarta na gefen hagu sun zube tun shekara biyu da suka wuce. Sai ta koma cin tuwo da miya tana ture nama gefen kwano, idan jikoki sun gifta ta miƙa musu.

Ana haka sai ƙanin maigida ya bugo waya daga Brescia, ya ce zai taso da iyalinsa ranar Lahadin farko ta Disamba su gaida Hajiya. Da mu da su da maƙwabciyarmu ta ƙofa da ƙofa, mutum 11 ke nan. Abin da nake nema shi ne naman da zai ishi wannan taro, wanda tsohuwa mai rabin haƙora za ta ci ba tare da ta roƙi kowa ya yayyaga mata ba, kuma ya yi daɗin da zai sa ta janye maganar auduga. Farfesu ba ya gagara ta, amma Hajiya ta shekara saba'in tana shan farfesu, duk wanda na yi sai ta auna shi da na gida. Na fi son in ɓullo mata ta inda ba ta da mudun awo.

Maƙwabciyar tamu tsohuwa ce 'yar wani ƙauye kusa da Cuneo. Ta zo Turin a shekarun 1960 lokacin da mijinta ya sami aiki a masana'antar motoci ta Fiat. Mijin ya rasu, 'ya'ya sun watse. Yarana suna kiranta Nonna, wato kaka, har mu ma bakinmu ya saba. Duk lokacin sanyi akwai Asabar ɗin da ƙamshi ke biyowa ta ƙarƙashin ƙofarta ya cika matakalar bene tun hantsi har la'asar. Da na kwatanta mata abin da nake so, ta ce ai abin yana da suna, brasato.

Abin da ake nufi da brasato

Sunan ya fito daga brace, wato garwashi. A zamanin da babu gas, a cikin garwashi ake dasa tukunyar, a ɗebi wani a zuba a kan murfi, nama ya yini yana dahuwa tsakanin wuta biyu marasa harshe. A wasu yankunan Italiya, kamar Toskana, ana kiran ɗan'uwansa stracotto, ma'ana wanda ya zarce dahuwa. Na yankin Piemonte, inda Turin take, shi ya fi suna. Ana samun tsoka guda, kilo ɗaya zuwa biyu, ba a yanka ta. A jiƙa ta kwana ɗaya cikin jar giyar inabi tare da albasa da karas da seleri, washegari a tsame, a tsane ta, a soya bayanta har ya yi ja, sannan a mayar da ita cikin ruwan jiƙon a rufe, a bar ta a ƙaramar wuta awa uku zuwa huɗu. A ƙarshe a markaɗa kayan lambun su zama miya, a yanka naman falle-falle.

Duk matar da ta tashi a gidan Hausa za ta ga an juya mata tsari. Mu yankawa muke yi tukuna, mu tafasa da albasa da kayan ƙamshi, sannan mu tsame mu soya, romon ya tafi cikin miya ko shinkafa. Su suya ce farko, dahuwa ta biyo baya, kuma nama da romo ba sa rabuwa har a kai faranti.

Abu biyu ne a cikinsa ba namu ba. Na farko kitsen alade, wanda wasu ke tsattsaga naman su cusa, ko su soya albasa da shi. Wannan bai ɗauke mu minti ɗaya ba, man zaitun da man shanu suka maye gurbinsa, Nonna ma ta ce ita ta daɗe da daina sa shi saboda likita. Na biyun shi ne giyar, kuma a nan aka ja.

Nonna ta ce, da zuciya ɗaya, ai wuta tana ƙone giya, ba abin da ke saura. Kusan kowa a nan haka yake faɗa. Amma akwai jadawalin da Ma'aikatar Noma ta Amurka ta fitar kan abin da ke saura a abinci bayan dahuwa: idan aka zuba barasa a tukunya ta yi minti 15 tana tafasa, kusan kashi 40 cikin ɗari na nan, bayan awa ɗaya, kashi 25, ko bayan awa biyu da rabi, akwai kusan kashi 5. Ban tsaya jayayya da lissafi ba ma. Na ce mata ko da za ta ƙone ƙurmus, sayenta da zuba ta a tukunya ba hurumina ba ne. Ta ɗaga kafaɗa ta ce to ba brasato za a yi ba ke nan.

Ita da kanta ta buɗe mini ƙofa bayan kwana biyu, ba da niyya ba. Cikakken sunan abincin brasato al Barolo ne, Barolo kuwa giya ce mai tsada da ake yi da inabin Nebbiolo a tuddan Langhe, wadda doka ta ce sai ta yi aƙalla wata 38 a ajiye kafin a sayar. Nonna ta yi dariya ta ce a gidan ubanta ba wanda ya taɓa juye Barolo a tukunya, sai dai a gidan masu kuɗi. Su Barbera mai araha suke sawa, wata shekarar ma rabi ruwa. Na ce a raina, ashe su ma masu abin canji suke yi. Tambayar da ta rage ita ce wane aiki giyar take yi a tukunyar, kuma me zai iya yin wannan aikin.

Gwajin farko

A tsakiyar Nuwamba na gwada da kilo ɗaya, a ɓoye, ranar da maigida ya kai Hajiya ganin gari. Gara da na yi hakan.

Na sayi tsokar cinya, wadda suke kira girello, saboda ita ce mai kyan gani, doguwa sumul babu jijiya babu kitse. Na jiƙa ta kwana ɗaya cikin kwalbar ruwan inabi na kanti da rabin kofin khal. Na soya, na zuba ruwan jiƙon, na bar ta tana ɓararraka a kan gas kamar yadda nake dafa naman miya. Bayan awa uku na sami wani abu mai kama da guntun itace yana iyo cikin madi. Bayan naman ya yi gari-gari saboda khal ya cinye shi cikin dare, cikinsa kuwa ya bushe, zare-zare, sai ka sha ruwa kafin ya wuce maƙogwaro. Miyar zaƙi kamar alawa, gindin tukunya ya kama ya yi baƙi. Na daka naman na yi dambu da shi, yara suka cinye, babu wanda ya san asalinsa.

Nonna ta leƙa tukunyar ta ce laifin rashin giya ne. Ni kuma da na zauna na duba, na ga giya ba ta da hannu a mafi yawan ɓarnar.

Babban kuskuren tun a wurin mahauci aka yi shi. Nama mai doguwar dahuwa farar jijiya yake so, irin wadda ke ratsa tsokar da dabba ke aiki da ita kullum. Wannan jijiyar, wadda masana ke kira kolajin, idan ta daɗe cikin zafi da laima narkewa take ta koma wani abu mai danƙo. Shi ne abin da ke sa romon ƙafar sa ya daskare idan ya kwana. Ita kuwa tsokar kanta, da zarar zafinta ya wuce digiri 60 sai ta fara tsukewa tana matse ruwanta waje, kuma ba ta mayar da shi. Duk naman da ya yi awa uku a wuta ya riga ya rasa ruwansa. Abin da ke sa ka ji shi da taushi da maiƙo a baki narkakkiyar jijiyar nan ce da ta shiga tsakanin zaren. Cinya ba ta da ita. Ko kwalba goma aka juye mata, itace za ta zama.

Sai wutar. Ɓararraka tana wujijjiga nama, ta tsotse ruwa kafin jijiya ta narke. Abin da ake so shi ne a ga ƙwayar tafasa ɗaya tana tasowa nan, wata can, kamar tukunyar tana numfashi.

Ruwan inabin ne kaɗai laifin da ya shafi canjin da na yi. Giya inabi ce da sukarinta ya riga ya ƙare wajen ruɓa. Ruwan inabi na kanti kuwa sukarinsa na nan cur, kusan giram 15 a kowane mililita 100. Kwalba guda ta haura giram 100 na sukari, na kuma tsotse shi a wuta. Abin da jar giya ke bari a miya bayan ta dahu tsami ne, da launi, da bauri, irin baurin nan da ke kama harshe idan an ci goro ko ɗanyar kanya. Baurin ne ke yanka maiƙon nama ya hana shi gundura.

Da na jera su haka, tsami da ja da bauri kuma babu sukari, sai na ji kunya, domin na san abin tun ina 'yar firamare ina ƙulla shi a leda. Zoɓo ne.

Samunsa a Turin bai yi wuya ba. Italiyawa suna kiransa karkadè, kuma sun san shi tun kafin a haifi iyayenmu. Bayan Musolini ya mamaye Habasha a 1935, ƙungiyar ƙasashen duniya ta wancan zamani ta sa wa Italiya takunkumi, sai gwamnati ta dinga tallata zoɓon da ake kawowa daga Eritriya a matsayin madadin shayi. Da na nuna wa Nonna busasshen furen, ta ce kakarta na dafa shi idan an yi baƙi. Ba ta taɓa jin an sa shi a nama ba, ta kuma gaya mini hakan sau uku.

Sayayya

Ranar Juma'a da safe na tafi Porta Palazzo, babbar kasuwar fili da ke dandalin Piazza della Repubblica, inda mahautan halal, yawancinsu 'yan Maroko, suke da shaguna a titunan kewaye. Nonna ta rubuta mini sunan yankan a takarda: cappello del prete, wato hular limamin coci, saboda siffarsa mai kusurwa uku. Tsokar allon kafaɗa ce, kuma idan aka yanka ta a gicciye za a ga farar jijiya ta ratsa tsakiyarta kamar layin alli. Wannan layin shi nake biya wa kuɗi.

Sai da na riƙe hannun mahaucin, kusan a zahiri. Abokan cinikinsa gunduwa-gunduwa suke saye, don haka yana ɗora nama a katako wuƙa ke bi. Na ce a bar mini shi guda, kada a cire jijiyar, a ɗaure da zare. Na karɓi guda biyu, kilo 2.6 gaba ɗaya, ya ƙara mini ƙasusuwan ƙauri kyauta.

Da daddare na dafa ƙasusuwan awa uku na tace romo. Naman kuma ban jiƙa shi cikin komai ba. Gishiri kawai na shafa masa, giram 22, da masoro, na sa a firiji a buɗe. Nonna ba ta so haka ba, a wurinta kwanan nama cikin jiƙo shi ne rabin aikin. Amma na ga abin da tsami ya yi wa bayan naman farko, kuma jiƙo ba ya shiga nama fiye da kaurin farce, gishiri ne ke ratsawa har ciki.

Asabar

Na jiƙa zoɓo giram 25 a rabin lita na ruwan zafi minti 10 na tace. Na haɗa shi da romo mililita 700, da ruwan inabi rabin kofi kacal, da khal tuffa cokali biyu. Na ɗanɗana: tsami mai kama harshe, zaƙi can nesa. Tukunyar ta Nonna ce, ta baƙin ƙarfe mai nauyi da aka shafe cikinta da farin enamel. Wannan ba ƙawa ba ce. Tsamin zoɓo idan ya yi awanni a tukunyar dalma ko ƙarfe tsirara, ɗanɗanon ƙarfen yana fita a miya.

Na goge naman da takarda har ya bushe ƙarau, na soya ɗaya bayan ɗaya a man zaitun cokali uku, kowane gefe kamar minti huɗu, ban taɓa shi ba sai ya saki tukunya da kansa. Na kwashe, na rage wuta, na zuba albasa manya uku, karas uku, sandar seleri uku, duk yankakku ƙanana. Wannan haɗin suke kira soffritto, kuma shi ne gindin rabin girkin ƙasar. Minti 15 suna laushi ba tare da sun soyu ba. Sai tafarnuwa ƙwaya uku, tumatirin gwangwani cokali biyu, reshen rosmarino (wani ganyen ƙamshi), ganyen alloro biyu irin wanda muke jefawa a dafa-duka, guntun kirfa, da kanumfari huɗu. Na zuba ruwan zoɓon na kankare jan ƙanzon da suya ta bari a gindin tukunya, domin ɗanɗanon yana wurin. Na mayar da nama, ruwa ya kai masa rabi. Ƙarfe 10:30 tukunya ta shiga tanderu a digiri 150.

Ina juya shi duk bayan minti 45. A juyi na biyu na tarar ruwa ya ja baya fiye da yadda ya kamata, saman nama ya fara bushewa. Murfin ya tsufa, gefe ɗaya ba ya zama. Na ƙara romo ludayi biyu, na jiƙa takardar gashi na shimfiɗa a kan naman kafin in rufe. Ya tsaya.

Ƙarfe ɗaya, bayan mun yi azahar, na soka cokali mai yatsu. Ya ƙi shiga. Awa biyu da rabi a wuta, naman ya tsuke, ya ƙanƙance, ya yi tauri fiye da lokacin da yake ɗanye. Gabana ya faɗi, domin babu sauran kuɗin wani kilo 2.6, kuma baƙi gobe ne.

Hajiya tana zaune a kujerar kicin tun safe tana kallo, ba ta ce uffan ba sai a lokacin.

"'Yar nan, wannan tsohon sa aka sayar miki. Ɗauko kanwa a jakata ki jefa 'yar kaɗan, yanzun nan zai saki."

Nonna tana tsaye a bakin ƙofa. Babbar 'yata ta fassara mata, ta kuma bayyana mata mece ce kanwa iya yadda ta iya. Tsohuwar ta ɗaga hannu biyu ta ce kalma ɗaya, aspetta, wato a jira.

Ga ni tsakanin tsofaffi biyu, ɗaya uwar mijina, ɗaya mai tukunyar. Kuma Hajiya ba ta yi ƙarya ba, kanwa tana sa nama da wake su saki, kowa ya sani. Sai dai kanwa maganin tsami ce, shi ya sa masu zoɓon sayarwa ke jefa ta. Duk wahalar da na sha ta neman tsami da bauri, ƙwaya ɗaya za ta shafe ta. Ba a ce wa suruka a'a, don haka na ce, "To, Hajiya. Amma ku bari in gwada a kofi tukuna, kada hannuna ya zarce in ɓata muku tukunya guda."

Na ɗebi romon a kofi, na jefa kanwa kamar ƙwayar gero biyu. Ya yi kumfa, jan ya koma baƙi-baƙi mai ratsin kore. Na miƙa mata da hannu biyu. Ta kurɓa, ta yamutsa fuska.

"A'a. Ta kashe shi. Mayar da murfinki."

Abin da ke faruwa a wannan lokacin shi ne tsoka ta gama tsukewa, jijiya kuma ba ta gama narkewa ba. Ma'aunin zafi da na soka ya nuna 82 a tsakiyar naman. A nan mutane da yawa ke sauke tukunya su ce nama ya ƙi, ko su ƙara wuta su ƙarasa shi. Ƙarfe 1:45 cokali ya shiga da ɗan turjiya. Ƙarfe 2:15 ya shige kamar cikin dafaffiyar kabewa, ya fito bai ɗago naman ba, ma'auni na nuna 93. Awa uku da minti 45 ke nan.

Ban yanka ba. Wannan shawarar Nonna ce kuma ita ce mafi amfani da ta ba ni: brasato mai zafi ba ya yankuwa, wargajewa yake. Na bar shi cikin romonsa, na fitar da tukunyar baranda inda sanyin Disamba ya huce da ita da wuri, sannan ta kwana a firiji.

Lahadi

Da safe kitse ya daskare a sama, na kwashe shi da cokali kamar ɓawo. Romon ƙasa ya kama kamar na ganda. Na cire zare, na yanka naman da sanyinsa, a gicciyen zaren tsoka, kaurin ɗan yatsa. Babban ya ba da falle masu kyau, kowanne da layin jijiyar nan a tsakiya, ta koma garai-garai kamar ƙaro. Ƙaramin kuwa siririn gefensa ya zarce, ya ruguje a hannuna. Da na sani da na cire shi minti 20 kafin babban. Na ɗora duka a sikeli: kilo 1.6 ya rage daga 2.6. Na yi lissafin mutum 11, na ga kowa zai samu amma babu ƙari.

Na tsince rosmarino da alloro da kirfa da kanumfari, na markaɗa sauran. Miyar ta fito da matsala biyu. Launin zoɓo bai jure awa huɗu a wuta ba, ya koma ƙasa-ƙasa. Tsamin kuma ya ƙaru da kwana, ya fito gaba yana rufe naman. Nonna ta ɗanɗana, ta tafi ɗakinta ta dawo da garin cakulan mara sukari, ta zuba rabin ƙaramin cokali. Ta ce wasu gidajen Piemonte haka suke yi. Na bi da man shanu mai sanyi giram 30 ina juyawa, da sabon jiƙon zoɓo cokali biyu saboda launi. Tsamin ya koma baya, miyar ta yi sheƙi, ta yi kaurin da ke kama bayan cokali. Na jera naman a ciki, ƙaramar wuta, minti 25.

Abin cin brasato a Piemonte polenta ne. Nonna ta kawo tukunyarta ta jan ƙarfe da garin masara mai tsaki-tsaki giram 800, ta tafasa ruwa lita uku da ɗoriya, ta sa gishiri, ta fara barbaɗa gari tana juyawa. Hajiya ta miƙa wuya ta leƙa.

"Wannan ai talge ne. Yaushe za a tuƙa?"

Aka ce mata ai haka ake barinsa, minti 45 ana juyawa. Ta tashi, ta naɗe hannun riga, ta karɓi muciyar daga hannun Nonna ba tare da neman tafinta ba. Abin da ya sauka daga wuta ya fi polenta tauri, bai kai tuwo ba, kuma kowace a cikinsu ta tafi da yaƙinin ita ta gyara na ɗayar. Gishirin cikin ruwan ne kawai Hajiya ba ta yafe ba, ta ce ba ta taɓa ganin inda aka sa wa tuwo gishiri ba.

Mun zauna ƙarfe ɗaya da rabi. Na zuba wa Hajiya falle biyu daga tsakiyar babban. Ta nemi wuƙa, maigida ya ce, "Hajiya, ku gwada da cokali." Ta danna gefen cokali, naman ya rabu. Ta ci, ta sake ci, ba ta kalli kowa ba. Jikanta ƙarami ya zo ya tsaya a gefenta kamar yadda ya saba, ta ce masa ya je wurin uwarsa. Can ta ɗago ta ce a miƙo mata yaji. Nonna ta bi kwalbar yajin da ido har ta sauka a kan naman, ta yi alamar gicciye a ƙirjinta, kowa ya fashe da dariya har da ita.

Hukuncin Nonna shi ne wannan ba brasato al Barolo ba ne kuma kada in kira shi haka a gaban mutane, amma stracotto ne mai kyau, ta kuma sa burodi ta share farantinta. Gyaran da ya fi shiga raina ya fito daga matar ƙanin maigida. Ta ce, "Yaya, ya yi daɗi, amma ina ci ina jin kamar zoɓon biki." Ta yi gaskiya, kuma Nonna ba za ta taɓa kama wannan ba. A harshen Bahaushe, zoɓo da kanumfari idan suka haɗu abin sha ne. Huɗu sun yi yawa. Na sake yi a Janairu da kanumfari ɗaya, babu kirfa, na ƙara rosmarino, wannan ƙamshin ya ɓace.

Bayan an kwashe kwanuka, tsofaffin biyu suka zauna da 'yata a tsakani. Nonna tana ba da labarin tukunyar mahaifiyarta a ƙauye, mai murfi mai lotsawa a tsakiya inda ake tara garwashi. Ta ce rabonta da ganin an yi haka tun tana yarinya. Hajiya ta ce wuta sama wuta ƙasa ai ba labari ba ne, a tsakar gidanta gawayi buhu guda yake.

Ta koma gida a ƙarshen Janairu. Na rubuta mata awon komai a takarda, na kuma ja kunnen ƙanwar maigida da za ta taya ta cewa naman gida ba irin na nan ba ne: shanunmu sun yi tafiya, sun manyanta, kuma yankan safe ake sayarwa, alhali na nan sai ya yi kwanaki a ɗakin sanyi kafin ya iso kanti. Na ce su nemi kafaɗa, su ƙara lokaci. Bayan mako uku ta kira. Sun yi a kan gawayi, da garwashi a kan murfi, awa biyar cur. Ta ce ta sa daddawa ƙulli ɗaya da attaruhu biyu, kuma ya fi nawa. Na ce, "Hajiya, kanwa fa?" Ta ce layin ba shi da kyau, ba ta ji na sosai, in gaida yara.